Amsa ga 'yar'uwar da tsohon mijinta ya kai ƙara kan 'yarsu mai shekara 20

Assalamu alaikum. 'Yar'uwa, da na karanta cewa mahaifin 'yarki ya kai ki kotu yana neman a mayar masa da ita alhali yarinyar ta ce ba za ta koma ba, sai da na ajiye waya na yi shiru, domin irin wannan sammaci ya taɓa iske ni a gidana a Gusau.

Ita tawa tana da shekara 19 a lokacin, tana karatu a Kwalejin Ilimi ta Maru. Mahaifinta ya sake ni tana da shekara 4, kuma tun daga ranar ko mudun gero bai taɓa aiko mata ba, ba kayan sallah, ba kuɗin magani ranar da ta kwanta da kyanda har na fitar da rai. Mutumin nan ne ya miƙe a gaban alƙali, jama'a cike da ɗaki, ya ce na lalata mata tarbiyya. Wallahi har yau idan na tuna yadda ya nuna ni da yatsa, mahaifiyata tsohuwa tana zaune tana share hawaye da gefen mayafi, sai na ji ƙirjina ya yi nauyi. Daga baya muka gano cewa ya riga ya yi wa wani abokin kasuwancinsa alkawarin aurenta.

Kada ki shiga kotu da dogaro da shekarunta kaɗai. Kotunan Shari'a na nan Zamfara da mazhabar Malikiyya suke hukunci, kuma a Malikiyya riƙon ɗa namiji yana ƙarewa da balaga, amma na mace yana ci gaba har ta yi aure ta tare. Alhamdu lillahi, wannan riƙo haƙƙin uwa ne tun farko. Ba ki faɗa mana ko kin sake aure ba, kuma nan ne tsohon mijina ya so ya kama ni, domin uwar da ta auri wanda ba muharramin yarinya ba riƙo yana fita daga hannunta. Sai dai ba wurin uba yake fara komawa ba, kakar yarinya ta wajen uwa ce a gaba. Haka kuma idan uban ya san da auren uwar ya yi shiru shekara guda ba tare da uzuri ba, malamai sun ce damarsa ta wuce. Alƙalinmu ya kira yarinyar ya saurare ta da bakinta, ya tambayi shaidu wanda ya ciyar da ita, sannan ya bar ta a hannun mahaifiyata.

Ki nemi lauya, ko a ofishin Hukumar Ba da Tallafin Shari'a idan babu hali. Sashe na 35 na kundin tsarin mulki na 1999 ya kare 'yancin walwalar mutum, saboda haka idan aka ɗauke ta da ƙarfi aka kulle, Babbar Kotun Jiha tana sauraron irin wannan ƙara. Idan hukunci bai yi miki daɗi ba, akwai ɗaukaka ƙara, kada ki yi jinkiri. Ki tattara rasit na makaranta da katin asibiti, ni da na yi sakaci da su na sha wahala.

Abin da ya fi ci mini rai shi ne walicci, domin ko kotu ta bar miki ita, shi ne waliyyinta ranar aure. Tawa da ta kawo manemi sai mahaifinta ya ƙi, watanni muna aika manya yana korarsu, har sai da ƙanen mahaifinsa ya taso daga Ƙaura Namoda ya zaunar da shi. Saboda haka ki hana 'yarki ɗaga wa mahaifinta murya a kotu ko da ya zage ki, ta gaishe shi ta durƙusa, sannan ta faɗi inda take so ta zauna da dalilinta. Ki turo mini saƙo ta akwati ki faɗa mini ranar da aka sa muku, idan a Gusau ne zan zo na zauna kusa da ke.