Kundin salsalar masu juya lokaci

Ka tambaya yadda za ka tsara kundin tsafi mai ɗauke da salsalar matsafa masu juya lokaci a labarinka. Malam, kada ka jera su "wane ɗan wane" kawai, domin a irin wannan gida jika na iya rigan kakansa zuwa duniya. Ka ba kowa shekara biyu: wadda aka haife shi, da wadda ya zauna.

Ni abin da ya fi burge ni shi ne tawadar kundin. Idan wani ya koma baya ya hana wani aure, sunayen 'ya'yan su dusashe, amma gurbinsu ya rage a takardar. Magaji ya shafa shafin da yatsa, ya ji shatar sunan ƙanin da bai taɓa sani ba. Sannan ka yanke tun farko: wa ke rubuta kundin, kuma a wane zamani yake zaune?