Kalmar "cunning": gwaninta ce ko wayo?

Wata ɗaliba mai karatun fassara ta rubuto daga Zariya. Ta ce: "Malam, barka da ƙoƙari. An ba mu wani guntun wasan kwaikwayo na Shakespeare mu mayar da shi Hausa. A ciki wani ya kawo wa wani attajiri malamin da zai koyar da 'ya'yansa mata, yana yabonsa da cewa cunning ne a kiɗa da lissafi. Na duba ƙamus na ga an ce wayo da makirci, sai na rubuta 'mai wayon kiɗa da lissafi'. Malaminmu ya ja jan biro a ƙarƙashi, bai ce uffan ba. Ina na kauce?"

'Yata, ƙamus bai yi miki ƙarya ba, ma'anar yau ya ba ki. Matsalar ita ce rubutun da ke hannunki ya haura shekara 400, kalmar kuwa ba ta tsaya inda ya bar ta ba. Abin da mai gabatarwar yake nufi shi ne mutumin nan gwanin kiɗa ne, masanin lissafi. Da haka kika rubuta, da jan biron bai sauka ba.

Kalmar ta fito ne daga wani tsohon aikatau na Ingilishi, cunnan, wanda ke nufin sani ko iya abu. Daga gare shi ne kuma can ta fito, wannan ƙaramar kalma da ɗan aji ɗaya yake fara koya. Danginta na nan a Jamusanci, inda können ke nufin iyawa, Kunst kuma fasaha. A ƙarni na 14, idan Bature ya kira mutum cunning, cewa yake masani ne, ya iya hannunsa.  Fassarar Baibul ta Sarki James, wadda ta fito a 1611, cike take da wannan tsohuwar ma'ana. Ta kira Isuwa ɗan Ishaku da kalmar a fagen farauta, wato riƙaƙƙen maharbi. Ta kira masu sassaƙa da masu saƙa da ita. A Zabura ta 137 kuma mai waƙar yana cewa in ya manta da Ƙudus, hannunsa na dama ya manta da cunning ɗinsa. Hannu ba shi da makirci, abin da yake da shi gwaninta ce, irin wadda ke zama a yatsun maɗinki har ya zura zare a allura yana hira.

Amma tun a zamanin Shakespeare kalmar ta fara tsami. Shi kansa yana amfani da ita ta fuska biyu: a wannan wasan da aka ba ku gwaninta ce, a wani wasan nasa na sarki Lear kuma, autar sarkin ta yi amfani da ita a kan munafuncin yayyenta mata biyu. Francis Bacon, wani masanin falsafa ɗan Ingila, a cikin tarin maƙalunsa na 1625, ya ware mata maƙala guda, inda ya kira ta karkatacciyar hikima. Ya ce akwai waɗanda suka iya shirya karta yadda za ta faɗo musu daidai, amma wasan kansa ba su iya ba. Duk wanda ya taɓa zama da 'yan karta a gindin bishiya ya san irin mutumin. Tun daga nan ma'anar yaudara ta yi ta danne ta gwaninta, har ya zama yau in ka ce wa Bature cunning ne, ka shirya jin amsa.

Wani abin dariya, 'yata, shi ne malamin kiɗan nan da ake yabo ba malami ba ne. Saurayi ne ya yi shigar burtu don ya samu shiga gidan ya ga ƙaramar 'yar attajirin. To, kin ga fassararki ta faɗi gaskiyar halinsa bisa kuskure. Sai dai mai fassara abin da aka faɗa yake kawowa, mai gabatarwar kuwa yabo ya yi.

Me ya sa kalmar sani za ta koma kalmar cuta? A ganina, mutane ne ba sa sakin jiki da wanda ya san abin da ba su sani ba. Ka kai agogonka wurin mai gyara, ya buɗe bayansa, ya manna gilashi a ido ɗaya, ya taɓa wani abu da tsinken ƙarfe, ya ce ka kawo kaza. Kai ba ka ga abin da ya gani ba. Ko ya sa sabon abu, ko ya hure ƙura ce kawai, Allah masani. Gwanintar da ta sa ka zo wurinsa ita ce kuma za ta ba shi damar cutarka in ya so. A ƙauyukan Ingila har cikin ƙarni na 19 akwai waɗanda ake kira cunning folk, masu ba da magani, masu gano kayan da aka sace, masu karya sihiri. Bokaye ke nan a wurinmu. Sunan nasu "masana" yake nufi, amma kowa ya san yadda ake kallon boka: ana zuwa wurinsa da dare, ana zaginsa da rana.

Ba ita kaɗai ta bi wannan hanya ba. Crafty ta fito daga kalmar da ke nufin ƙarfi da sana'ar hannu, yanzu ta zama mai ha'inci. Har kalmar da ta ba mu inji da injiniya, a tsohon Ingilishi tana ɗaukar ma'anar basira, tana kuma ɗaukar ma'anar tarko da zamba. Larabci ma haka. Hila, wadda muka ara muke cewa "ya yi masa hila", jam'inta hiyal ne, kuma da wannan suna 'ya'yan Musa bin Shakir su uku suka kira littafinsu na na'urori a Bagadaza a ƙarni na 9. Kalma ɗaya ta ɗauki aikin injiniya da aikin ɗan damfara.

Mu dawo gida. Hausa ba ta ɗora wa kalma ɗaya wannan kaya duka ba, ta rarraba shi. A gefe guda akwai gwaninta da ƙwarewa da fasaha da hikima da azanci, duk yabo ne tsantsa. A ɗaya gefen akwai makirci da yaudara da ha'inci da zamba, babu mai so a jingina masa ko ɗaya. Dabara tana tsakiya amma ta fi karkata ga alheri. In an ce dabara ta rage ga mai shiga rijiya, ba a zargin kowa, ana cewa ne mu mun riƙe igiya, yadda zai sa ƙafa kuma nasa ne. Kissa tana da nata gida daban, can cikin ɗakunan mata, inda ake cewa ta fi magani. Matar da aka ce ta iya kissa, a bakin ƙawarta yabo ne, a bakin kishiyarta ƙara ce.

Wayo ce ta fi kusa da cunning, domin ita ma baki biyu gare ta. Abin da ya fi burge ni shi ne yadda ƙaramin abu ke juya ta. "Ya yi wayo" magana ce mai daɗi: yaro ya fara gane mutane, ya san na gida da baƙo. Muna cewa "tun ban yi wayo ba mahaifina ya rasu", ko "na yi wayo na tarar da bishiyar nan a ƙofar gida". A nan wayo buɗewar ido ce kawai, daidai da asalin kalmar Turawan. Amma saka "mini" a tsakiya ki ji: "ya yi mini wayo". Da zarar an sami wanda aka yi wa, magana ta zama ƙorafi. Turanci ya ɗauki ƙarnuka kafin kalmarsa ta tashi daga sani ta koma cuta, mu kuwa muna yin tafiyar a cikin jimla guda, kullum, ba mu ma lura ba.

Na taɓa tsayawa awon gero a wata kasuwar ƙauye. Mai awon yana cika kwano har ya yi tozo, yana zubawa a buhuna, bakinsa na ta zuba addu'a. Sai wata tsohuwa da ke jiran layi ta miƙa hannu ta karɓi kwanon, ta kifa shi, ta nuna mini gindinsa. An buga shi ya lotsa ciki, lotsawar da za ta ci kusan tafin hannu a kowane awo. Ta ce masa, "Kai yaro, wayonka ya yi yawa." Ta juyo gare ni ta ce, "Kai kuma Malam, ba ka da wayo." A numfashi ɗaya ta zarge shi da yawansa, ta zarge ni da rashinsa, kuma duk wanda ke wurin ya gane ta sarai. Bahaushe yana son wayo daidai gwargwado, kamar gishiri a miya. Shi ya sa yara ke tafa wa Gizo a tatsuniya in ya wanke kura, su kuma yi masa dariya in kwaɗayi ya kai shi ya baro. Dila kuwa har laƙabin malamin daji aka ba shi.

Da kalmar wayo ta shiga Turancin buroka na kudancin Najeriya, rabi ɗaya kawai ta tafi da shi. A Legas ko Fatakwal in an ce mutum wayo gare shi, macuci ake nufi, ba wanda zai faɗa wa jaririn maƙwabcinsa haka. A Amurka kuma cunning ta taɓa yin akasin wannan, inda tsofaffi kan kira jariri mai ban sha'awa da ita, kamar yadda kaka za ta ce "ɗan nan akwai wayo" tana yi masa rawa a cinya. Wannan amfani ya tsufa yanzu, amma za ki iya cin karo da shi a littattafan Amurka na ƙarni na 19.

Saboda haka in kin sake haɗuwa da ita, duba shekarun rubutun tukuna, sannan ki duba ko akwai wanda aka cuta. In tsohon rubutu ne kuma ana maganar sana'a ko ilimi, gwani ko masani za ki sa. In na zamani ne ana maganar dila ko ɗan siyasa, wayo ta isa. In an ƙulla abin ne a ɓoye don a kai wani ƙasa, to kin shiga gonar makirci, kada ki sassauta masa da wayo.

Wani bawan Allah kuma ya aiko daga Maraɗi yana tambaya: "Malam, ina jin ana cewa wayon a ci, an kori kare daga gindin ɗinya. Me ya haɗa kare da ɗinya?"

Malam, cin 'ya'yan ne ya haɗa su. Ɗinya in ta nuna baƙi ƙirin takan zubo ƙasa, kare kuma yana tsinta ya ci kamar yadda yara ke yi. Mai korar zai ce ƙazanta yake gudu, ko yana tsoron kada karen ya ciji wani. Da kare ya ba da baya sai ka gan shi ya tsuguna yana cika aljihu. Ana buga karin maganar ne ga wanda ya kawar da wani daga wuri da sunan gyara, alhali kujerar yake so. Za ka ji ta a rikicin shugabancin ƙungiya, da rabon gado, da ranar da aka tsige ma'aji don "kare dukiyar jama'a" sai ga ƙanin mai tsigewar ya gaje shi.

Ka lura da "a ci" ɗin nan. Ba a ce wayon ya ci ko wayon su ci ba, an bar mai cin a lulluɓe, yadda za ka iya faɗinta a gaban mutumin ba tare da ka kama sunansa ba. Sau da yawa ma rabin farko kawai ake faɗi. Wani ya gama dogon jawabi a taro kan dalilin da ya sa ya kamata a karɓe makullin sito daga hannun wane, sai ka ji daga baya an ce "wayon a ci", ƙasa-ƙasa, a bar kare da ɗinya ga masu sauraro su ƙarasa.