Tambayoyinku: Ido ɗaya a katun ɗin yara, habaici ne ko tsarguwa?

TAMBAYA: Assalamu alaikum Malam, sannu da ƙoƙari. Ni uwa ce mai yara huɗu, ina sayar da atamfa a kasuwar Kejetia. Kwanaki wata ƙawata ta turo bidiyo a guruf ɗinmu na WhatsApp, wani mutum yana tsayar da katun ɗin yara yana zagaye wurare da jan layi, wai ga ido ɗaya nan ga hoton dala nan, duk aikin 'yan Illuminati ne suna share wa Dujal hanya, har ya ce akwai rubutun da ake sakawa a fim wanda ido baya gani amma ƙwaƙwalwa tana ɗauka. Wallahi tun ranar na ɓoye rimot, ƙaramin sai kuka yake, babban kuma ya ce wai ni ce ban waye ba, mai gidana ya ce in rabu da su kawai. Don Allah gaskiya ne ko tsorata mu ake yi?
Daga Maman yara, Aboabo, Kumasi

AMSA: Wa alaikumus salam Hajiya, Allah ya raya mana zuri'a ya kawo kasuwa.

Ai ke ya kamata in tambaya, domin saƙon ɓoye shi kike sayarwa kullum. Atamfar nan mai hoton tsuntsu yana tashi wadda 'yan Asante ke ce wa kuɗi na da fuka-fuki, sau nawa mace ta zo rumfarki ta tsallake masu kyau ta ce ita wannan take so, kin kuma san sarai da wa take, ranar suna za ta ɗaura ta wuce ta gaban wadda ta yi arziki jiya ta daina gaisuwa. Ba ta ce uffan ba amma duk gidan an ji. To haka habaici yake, akwai mai yi, akwai wanda ake yi dominsa, akwai kuma dalilin da ya hana a faɗa baro-baro. Habaicin da ba wanda zai gane sai an tsayar da hoto an zagaye shi da jan layi, wannan mai shi ya yi asarar kuɗin zane.

Bari in fara da rubutun da ido baya gani, don shi ya fi tayar wa mutane hankali. Asalin maganar daga wani ɗan harkar talla ne a Amurka mai suna James Vicary, a 1957 ya fito ya ce ya yi gwaji a wata sinima a jihar New Jersey, yana walƙa rubutun a sha Coca-Cola a ci gugguru a tsakiyar fim cikin saurin da ido ba zai kama ba, wai ciniki ya tashi. Jaridu suka ɗauka, hankalin jama'a ya tashi, har a Ingila aka hana irin wannan talla. Da aka ce ya maimaita gwajin abin bai yiwu ba, a 1962 shi da bakinsa ya amsa cewa dabara ce ya yi don kamfaninsa na neman durƙushewa. Mutumin ya janye maganarsa fiye da shekara sittin da suka wuce amma ga ta yau ta iso Aboabo da sabon kaya.

Ba wai ba a taɓa cusa hoto cikin fim ba, ana yi. Fim hotuna ne 24 ke wucewa a kowane sakan ɗaya, kin ga akwai wurin ɓuya. A The Exorcist na 1973 an riƙa walƙa wata farar fuska mai ban tsoro, amma ai fim ɗin tsoro ne, wanda ya biya kuɗi ya shiga tsoron ya je saya. Wanda ya fi muni shi ne katun ɗin Disney mai suna The Rescuers na 1977, wani a cikin masu haɗa shi ya liƙa hoton mace ba riga a tagar wani gida a hotuna biyu kacal, ba a farga ba sai da kaset ya shiga gidaje, a 1999 kamfanin ya janye kaset sama da miliyan 3 daga kasuwa. Wannan ya faru, kuma abin kunya ne. Amma ki lura da yadda aka yi, an gano, an nuna, kamfani ya amsa ya yi asara. Iskancin ma'aikaci ne, kamar tela ya ɗinka zagi a cikin aljihun riga.

Sauran yawanci wasa ne na masu sana'a. Lambar A113 da ke fitowa a finafinan kamfanin katun na Pixar, wani lokaci a lambar mota wani lokaci a jikin ƙofa, lambar ajin da masu zanen suka yi karatu ce a wata makarantar zane a Kalifoniya, kamar dai direban tirotiro ya rubuta sunan unguwarsu a bayan mota. Koren rubutun da ke zubowa a The Matrix wanda samari suka sha yi wa tafsiri, wanda ya zana shi ya ce daga littafin girke-girken matarsa 'yar Japan ya kwaso haruffan. Girki, Hajiya.

Sai maganar ido ɗaya. Cewa Dujal mai ido ɗaya ne wannan yana cikin hadisai ingantattu, ba ni da ja, kuma fagen malamai ne ba nawa ba. Abin da nake ja da shi shi ne a ce duk zanen da ido ɗaya ya bayyana alamarsa ce, alhali ko akuya aka zana ta gefe ido ɗaya za ki gani. Ita kuwa Illuminati ƙungiyar asiri ce da aka yi ta da gaske, wani malamin jami'a Adam Weishaupt ya kafa ta a Bavariya ta ƙasar Jamus ranar 1 ga Mayu 1776, ba ta cika shekara goma ba hukuma ta haramta ta ta watse. Idon da ke saman dala a takardar dalar Amurka kuma daga hatimin ƙasar ne na 1782, sai a 1935 aka ɗora shi a kan kuɗin. Mai wancan bidiyon bai faɗa muku ko ɗaya daga cikin wannan ba na tabbata, don shi abincinsa yawan masu kallo ne, kuma ba abin da ke sa uwa ta tura bidiyo guruf goma kamar a ce mata 'ya'yanta na cikin haɗari. Yana tuna min da zamanin gidajen bidiyo muna yara, lokacin da ake zana fosta da fenti a kan buhun fulawa a rataye a bakin titi, mai zanen sau da yawa bai ma kalli fim ɗin ba, sai ya ƙara maciji da gatari da jini, mu tara 'yan kuɗinmu mu shiga mu zauna a benci har a tashi ba mu ga maciji ba.

Yanzu ga inda habaicin gaske yake, kuma a nan nake so ki tsaya. Ousmane Sembène na Senegal ya yi fim a 1975 mai suna Xala. Labarin wani Alhaji ne ɗan kasuwa da ya ƙaro mata ta uku, daren farko aka wayi gari an ɗaure shi ya kasa komai, ya bi bokaye ya ƙarar da dukiya. In kika kalla sama-sama dariya ce da tausayi. Amma tun farkon fim an nuna manyan 'yan kasuwar ƙasar sun karɓi kujeru daga hannun Turawa ana kiɗa ana murna, sai ga Turawan sun dawo sun ajiye wa kowa jaka cike da kuɗi a gabansa, kowa ya buɗe ya leƙa ya yi shiru. Alhajin nan har motarsa da ruwan kwalba na Faransa ake wanke ta, mabarata kuma na zaune a ƙofar ofis ɗinsa ya sa a kwashe su, ashe wanda ya ɗaure shi yana cikinsu, mutumin da ya taɓa cinye wa gado ne. Wa ya kasa? Shugabannin da suka karɓi 'yanci suka kasa haifar da komai. Ba sai an zagaye da jan layi ba, gwamnatin Senghor, shugaban Senegal na lokacin, ta gane da ita ake, shi ya sa aka yanke wurare da dama kafin a bari a nuna shi a Dakar. Mai kaza a aljihu baya jimirin as.

Mu ma nan gida muna da namu. Fim ɗin Heritage Africa na Kwaw Ansah wanda ya ci babbar kyautar bikin finafinan Afirka na FESPACO a Wagadugu a 1989, mutumin da ke cikin labarin sunansa Kwesi Atta Bosomefi, da ya samu muƙami a gwamnatin mulkin mallaka sai ya lanƙwasa sunan ya koma Quincy Arthur Bosomfield, uwarsa ta damƙa masa kayan gadon gidansu na kaka da kakanni shi kuma ya ɗauka ya kai wa Gwamna Bature kyauta don a ce masa ya waye. Ki gwada nuna wa babban ɗanki wannan, tunda maganar wayewa ta shigo gidanku, ki ga ko zai tsargu.

Haka finafinan Indiya da muka taso da su, da zarar saurayi da budurwa sun matso kusa sai kyamara ta koma kan furanni biyu suna taɓa juna, ko yaro ya san zancen, tsoron almakashin 'yan tace fim ne ya haifi furannin.

Akwai kuma nau'in da ni ya fi damuna, wanda masu jan layi ba su cika kulawa da shi ba don babu aljani a ciki. Katun ɗin Animal Farm na 1954 hukumar leƙen asirin Amurka CIA ce ta zuba kuɗi a ɓoye aka yi shi, aka kuma sauya ƙarshen labarin don ya dace da yaƙin cacar baka da Rasha. Fim ɗin Top Gun na 1986 sojan ruwan Amurka ne suka ba da jiragen yaƙi da filin ɗauka, kuma a irin wannan yarjejeniya sai sun karanta labarin sun yarda tukuna. Wani malami Jack Shaheen ya bi finafinai sama da 900 ya fitar da littafi a 2001 yana nuna yadda Balarabe a Hollywood kusan kullum shi ne bos, ko ɗan ta'adda ko attajirin banza mai bin mata. Har katun ɗin Aladdin na 1992, waƙar buɗewa tana da baitin da ke cewa a ƙasar Larabawa ana yanke wa mutum kunne in ba a son fuskarsa, sai da Larabawan Amurka suka yi ca aka canza baitin a 1993. Wannan ba a ɓoye yake ba, da ƙarfi aka rera shi, yara na bi suna amshi. Yaron da ya shekara goma yana ganin mai rawani da gemu shi ne mugu, mai farar fata shi ne mai ceto, ba ya buƙatar wani rubutu mai walƙiya.

Don haka ni dai shawarata ki fito da rimot ɗin nan, in kin hana a gida za su kalla a wayar abokai inda ba kya nan. Ki duba lambar shekarun da ake rubutawa a jikin fim, ki ware wani dare ko da sau ɗaya a mako ki zauna da su, in an gama ki tambaye su wa ye jarumi wa ye bos, da wa bos ɗin ya yi kama, me aka nuna shi ne jin daɗin duniya, yaya yaran ciki ke yi wa iyayensu magana. Na ƙarshen nan ma kin riga kin fara ganin amsarsa a bakin babban. Ki gaida mai gidan, ki ce masa shi ma da shi za a zauna.

TAMBAYA: Kawu barka da aiki. Mun yi musu a bes ɗinmu wajen shan ataya, na ce masu katun ɗin The Simpsons sun san gaibu tunda sun nuna Trump zai yi shugaban ƙasa, kuma fim ɗin Contagion ya nuna korona tun kafin ta zo, abokina ya ce ƙarya ne. Mun sa caca wanda ya faɗi shi zai sayi sukari da ganyen shayi na wata guda. Wa ya ci?
Daga wani ɗanka, Asawase

AMSA: Ɗana, da farko gaibu sai Allah, cacar ma ku sake mata suna. Gaskiya ne a wani shiri na shekarar 2000 sun ambaci Trump a matsayin tsohon shugaban ƙasa, amma a watannin da suka gabaci fitowar shirin shi Trump ɗin ya yi ta neman takara a wata ƙaramar jam'iyya mai suna Reform, jaridu na ta yi da shi, zolaya ce suka yi da labarin da ke gabansu. Hoton nan da ake yawo da shi yana saukowa a matakala mai tafiya da kanta kuwa a 2015 aka zana shi, bayan abin ya faru, masu turawa ne ke liƙa masa tsohuwar shekara. Kuma shirin da ake yi tun 1989, fiye da kashi 700, in ka watsa tsakuwa cikin buhu a kasuwa dole wata ta sami wani, waɗanda suka faɗi ƙasa ba mai ƙirga su. Contagion na 2011 kuma masu shi likitocin annoba suka ɗauka suka ba su shawara, an riga an ga annobar cutar numfashi ta SARS a 2003, masana sun daɗe suna cewa wata na tafe daga jemage ko wata dabba, ba a saurare su ba ne kawai. Ka je ka sayo sukarin, kuma kar ka sayo ƙaramin ƙulli.