Hotunan Cinderella da babanmu ya bari sun fara lalacewa, in kai a yi musu laminatin?

TAMBAYA: Assalamu alaikum, Malam. Ni mazauniyar Mabera ce a nan Sakkwato. Da muke haɗa kayan marigayi babanmu, na tarar da hotunan katun ɗin Cinderella da ya yo mana tsaraba daga Ingila muna ƙanana. Huɗu na takarda ne, ɗaya kuwa roba ce garai-garai, da zanen yarinyar sanye da rigar biki. Tun da na gan su na kasa mayar da su akwati, har na fi jin daɗin kallonsu a kan fim ɗin kansa. Abin da ya tayar mini da hankali, ta robar ta fara lanƙwashewa, tana wani wari mai tsami, kuma rigar da na sani shuɗiya ta koma fari-fari. Mai shagon fotokwafi ya ce in kawo ya yi musu laminatin, shi ke nan na huta. In kai?

AMSA: Wa alaikumus salam, Hajiya. Allah ya jiƙan Baba, ya kyautata namu zuwan. Kada ki kai. Ko kyauta ya ce zai yi, kada ki kai.

Batun riga, kwantar da hankalinki, mai yiwuwa babu abin da ya koɗe. A fim ɗin da kamfanin Disney ya fitar a 1950, rigar fara ce mai ƙyallin azurfa, hasken dare ne ke ba ta ɗan shuɗi-shuɗi a wasu wurare. Shuɗin nan mai ƙarfi da ya zauna mana a ka, daga 'yar tsana da jakar makaranta da bangon kaset muka samo shi. Shi ya sa da aka sake gyara fim ɗin a 2023 aka mayar da rigar launinta na farko, wasu suka yi ta mamaki.

Abin da kika ce kin fifita hoton tsaye a kan fim ɗin kuwa, ba ke kaɗai ba ce. A daƙiƙa ɗaya hoto 24 ke wucewa ta gaban ido, to ina ido zai tsaya ya ga aikin hannu? Balle mu da muka kalle shi a kaset ɗin haya, kwafi a kan kwafi, hoto na rawa, wuta na ɗaukewa ana tsakiyar biki. Labarin ma ba baƙo ba ne gare mu, marainiya a hannun kishiyar uwa, 'yar mowa da 'yar bora, tun a tatsuniyar kaka muka san shi. A wancan zamani a kan irin robar nan garai-garai ake yin zanen katun, a ɗauki hotonsu ɗaya bayan ɗaya, su zama fim. Abin da ba mu taɓa samu ba shi ne damar kallon zanen a natse: launukan da Mary Blair ta tsara wa fim ɗin, layin tawada da wata mace ta bi da alƙalami a gaban robar, fentin da wata ta cika ta bayanta. Daga 1961 aka koma ɗora layin da injin kwafi, daga 1990 kuma Disney ya bar robar ɗungurungum ya koma kwamfuta. Ga shi kuma hannun Baba ne ya miƙa muku. Ba abin mamaki ba ne ki kasa mayar da su akwati.

Ko taki tana cikin ainihin waɗanda aka ɗauki fim ɗin da su, wannan sai na gani. An buga na kwaikwayo masu tarin yawa don sayar wa masu sha'awa. Juya ta ki duba: ta hannu za ki ga fentin bayan da kauri, wani wuri ya fi wani, sau da yawa da 'yan huda a gefe ɗaya da lamba a kusurwa. Ta bugawa sumul take. Wanda duk ya ce miki ta waya ki turo kuɗi ya samo miki takardar shaidar cewa darajarta ta kai miliyoyi, ki kashe wayar.

Yanzu ga laminatin. Wallahi wannan abu ya ishe ni. Kullum sai an kawo mini takarda a ƙunshe cikin roba mai ƙyalli, a ce Malam a cire. Takardar gona, takardar haihuwa, hoton aure na zamanin baƙi da fari, wasiƙar ajami da kakan mutum ya rubuta da tawadar allo. Mutum ya ɗauki abin da ya shekara 70 lafiya lau a gafaka, ya kai wa yaron da jiya ya koyi kunna injin, cikin minti biyu a gama da shi. Garin neman gira an rasa ido.

Injin nan ba rufi yake yi ba. Zafi yake sa wa, wanda yakan kai na tafasasshen ruwa ko ya wuce, ya narkar da gam da ke cikin ledar, gam ɗin ya shige cikin takarda ya kama tawada. Daga nan babu komawa baya. In an ɓare, fuskar hoton ke biyo ledar. Wannan a takarda ke nan. Robarki kuwa ita kanta zafi ke sa ta motsi, fentin bayanta kuma na ruwa ne da ya bushe a kai kawai, bai shiga jikinta ba. Ki tura ta tsakanin rodi biyu masu zafi, robar ta yamutse, fentin ya farfashe ko ya manne wa leda, ki fito da abin da ko ke ba za ki gane ba.

Kuma warin nan mai tsami da kika ji, shi ne babban dalilin. Irin wannan roba, asitet, in ta tsufa takan fara fitar da asid irin na binega, asid ɗin kuma shi ke ƙara cin ta, yana sa ta ƙanƙance ta lanƙwashe. Iyakar abin da ake iya yi shi ne a rage masa gudu da sanyi da barin iskar ta fita. To ki like ta ta kowane gefe, ina asid ɗin zai je? Robobin zanen da suka girme ta ma, na wani nau'in da ake kira naitiret, wuta suke kamawa da sauri, kuma mai shagon ba zai iya bambance su ba.

Kada ki ce ƙauyanci ne irin namu. Ma'ajiyar tarihi ta ƙasar Amurka da manyan ɗakunan karatu sun yi ta like takardu cikin asitet tun daga shekarun 1930, suna ganin ceto suka yi. Daga baya suka daina, suka dawo suna kashe kuɗi da sinadarai wajen ɓare abin da suka like. Su sun tuba. Mu kuwa har yau sai ka je wani ofis, ma'aikaci ya kalli takardarka ya ce me ya sa ba ka yi mata laminatin ba, gobe ka je wani ofishin a ƙi karɓarta don ba a iya taɓa tambarin. Ba wanda ya tambayi masu adana rubuce-rubucen magabata a garin nan, alhali da takarda da fata da inuwa aka riƙe littattafan zamanin Shehu har suka iso mu.

Abin yi ba shi da tsada. Ki ɗauki kowanne hoto da waya a inuwa, ba filasha, ko a yi wa na takardar sikanin. Ki buga kwafi, shi ki yi wa laminatin ɗin in kina so, ki rataya, yara su taɓa son ransu. Na asalin su kwanta a shimfiɗe, kowanne da farar takarda mai kyau a tsakani, cikin kwali mai tsabta. Ta robar a sa ta a aljihun foliyesta da bakinsa ke buɗe, ba ledar kasuwa ba, kada kuma a danne ta da littafi wai don ta miƙe. Ban da salatif, ban da tsumma mai ruwa, ban da fesa maganin sauro a kusa, ban da hayaƙin turaren wuta.

Wurin ajiya ya fi komai. Zafin bazarar Sakkwato yana haura digiri 40, saman wadrob ƙarƙashin kwano kuwa ya fi haka, nan ne kuma kowa ke jefa akwatin tsofaffi. Ki nemi ɗakin da ya fi sanyi a gidan, ƙasa-ƙasa amma ba a kan siminti ba saboda gara da laimar Agusta. Da hunturu kada ki yawaita fito da ita, bushewar iska ke sa fentin ya tsattsage.

Ta robar kuma tun yau ki raba ta da na takardar, kwalinta daban, domin asid ɗin da take fitarwa yana kama abin da ke kusa da ita.