Amsar tambayar Yaya kan bushiya da na'ana'a

Yaya, bayan gaisuwa da fatan kowa yana lafiya a gida Maradi, na ga ya dace in zauna in rubuta maka amsa a tsanake, domin tambayar da ka yi mini ranar Juma'a ta fi ƙarfin 'yan mintocin da muka samu a waya. Ka ga autarmu riƙe da bushiya a cikin tawul, ka ji uwarta tana hana a shigar da man na'ana'a ɗakin da dabbar take, sai ka tambaya ko na'ana'ar da muke sha a shayi tun muna yara ta zama guba ne da muka ƙetare teku, kuma me ya kai Bahaushe ga ajiye bushiya a ɗaki alhali a garinmu abar daji ce da yara ke tsinta a bayan gari da damina.

Zan fara da ta biyun, domin ita ce ta fi ba mutanen gida mamaki. Bushiyar da ake kiwo a gidajen Amurka tamu ce ta Afirka, wato irin nan mai farin gashi a cikinta da yatsu huɗu a ƙafafun baya, wadda take rayuwa a dazuzzukan da suka miƙe daga Sanagal, suka ratsa ta ƙasar Hausa, har zuwa gabashin Afirka. Da can daga wajenmu ake kwaso su, har zuwa 1991 da hukumomin Amurka suka hana shigo da su saboda tsoron cutar baki da kofato da ke kama shanu, don haka kusan duk waɗanda ake sayarwa yanzu a nan aka haife su. Ba ko'ina ne doka ta yarda a ajiye su ba. 'Yan uwanmu da ke Bronx a birnin Niyok ba su da izini, haka ma waɗanda ke jihar Fensilbeniya, amma mu da muke Greensboro a Karolina ta Arewa, inda 'yan Nijar suke da yawa, doka ba ta hana mu ba.

Mu iyaye da muka taso a gida ba mu zo da wannan ɗabi'a ba, 'ya'yan da muka haifa a nan ne suka shigo mana da ita. Yaro yana zuwa makaranta ya tarar kowane abokinsa yana da dabbar da yake ba da labarinta, sai ya dawo yana roƙon kare, mu kuwa ba za mu zauna da kare a ɗakin da muke salla ba. Daga nan ake shiga sasantawa, wani gida a tsaya a kan kyanwa, wani a kan kifi ko zomo. Mu bushiya ta faɗo mana, kuma ba zan ɓoye maka ba, na yarda ne domin ranar da na fara ganinta sai da na tuna daren da muka bi wata da tocila a gefen Gulbi, ta dunƙule, ka hana ni taɓa ta da hannu.

Maganar na'ana'a kuwa, abubuwa biyu ne suna ɗaya ya haɗa su. Wadda mai shayi yake tsomawa a buta a fada ita ce mai sanyin ƙamshi, kuma har gobe muna shuka ta a tukwane a bayan gida, muna shan shayinmu hawa uku duk ƙarshen mako kamar yadda aka saba. Akwai kuma 'yar uwarta da Turawa ke kira fefamint, wadda aka samu daga haɗuwar irin tamu da wata na'ana'a mai fitowa a bakin ruwa, kuma ita ce mai yajin nan da ke ratsa hanci. Sinadarin da ke ba ta wannan yaji shi ne mantol, wanda ka sani a mantaleta da alawar Tom Tom. Ganyen fefamint ake turarawa da tururi a tatso mansa a zuba a 'yan kwalabe, kuma kashi ɗaya cikin uku zuwa rabin wannan mai mantol ne zalla. Ganye mai ɗimbin yawa ake tarawa kafin a cika kwalbar da ba ta wuce tsawon yatsa ba, saboda haka ɗigo guda na man ya yi nesa da ganye guda a ƙarfi.

Ban san wannan bambanci ba sai da ya same ni a gida. A hunturun da ya wuce ɓeraye suka shigo mana gudun sanyi, wata maƙwabciya ta ba mu shawara mu ɗiga man fefamint a auduga mu ajiye a lunguna, domin mutanen nan da yawa suna yin haka don korar ɓera ba tare da sa guba ba. Ni da hannuna na ajiye ɗaya a bayan kejin bushiyar, ina ganin gata na yi mata. A dare na biyu auta ta ce ba ta ji ƙarar keken da dabbar take gudu a kai ba, alhali kullum da an kashe fitila sai ta hau shi ta yi ta zagaye har asuba. Da muka ɗaga tsumman da take ɓuya a ciki sai muka tarar tana atishawa, hancinta a jiƙe, idanunta suna ruwa, tsutsotsin da aka zuba mata kuma suna nan ba ta taɓa ba. Likitar dabbobin da muka je wurinta ba ta tambayi abin da ta ci ba tukuna, sai ta fara da tambayar ko mun kawo sabon ƙamshi gidan. Da na faɗa mata, ta ce in kwashe audugar, in wanke kejin, in canza shimfiɗa, in bar iska ta shiga ɗakin ba tare da ya yi sanyi ba. Cikin 'yan kwanaki bushiyar ta koma cin abincinta, amma kunyar da na ji a gaban yarinyar ta daɗe ba ta sake ni ba.

Dalilin a bayyane yake ga wanda ya lura da halittarta. Bushiya ba ta da ƙarfin gani, da hanci da kunne take neman abinci cikin dare, don haka ƙamshin da mu muke ji da daɗi ita yana cika mata kai. Nauyinta duka bai cika wuce rabin kilo ba, hanyar numfashinta 'yar siririya ce, kuma ko jariran mutane likitoci suna hana a shafa musu mai mantol kusa da hanci. Sannan tana da wata ɗabi'a da ba a cika gani a wasu dabbobi ba: idan ta ji baƙon ƙamshi sai ta lasa abin ko ta tauna shi, bakinta ya cika da kumfa, ta karkace jiki har ta kusa kifewa, ta riƙa shafa kumfar a ƙayoyinta da harshe. Farkon ganina na ɗauka farfaɗiya ce ta kama ta, ashe halinta ne. Wannan hali ne yake sa abin da wata dabbar za ta shinshina ta wuce, ita ta haɗiye shi kuma ta shafa a fata. Shi ya sa masu kiwonta suke nesanta ta da duk irin waɗannan mayuka na ƙamshi, musamman man itacen nan na Ostareliya da ake kira titiri, wanda aka san yana kashe ta, har da dusar katakon wani itace mai ƙamshi da Turawa ke kira sida, wadda wasu ke shimfiɗa wa ƙananan dabbobi.

Ɗanyen ganye guda da ta lasa bisa kuskure bai kai haɗarin man ba, sai dai ban ga dalilin ba ta shi ba, tunda ita mai cin ƙwari ce, abincinta gyare da tsutsa da busasshen abincin kyanwa mara maiƙo. Alawar minti da cingam da man goge baki kuwa haramun ne a kejinta, saboda sukari da kuma sinadarin zaƙin nan zailitol da ke hallaka karnuka. Ko madara ba a ba ta, domin cikinta ba ya narkar da ita.

Abin da nake so ka duba, Yaya, shi ne bambancin gidan nan da namu. A Maradi ana turare a ɗaki ƙofa a buɗe, hayaƙi ya fita tsakar gida iska ta kwashe. A nan gida rufe yake ruf daga Nuwamba har Maris, na'urar ɗumama ɗaki tana juya iska ɗaya, ita kuma bushiyar dole a riƙe mata zafi tsakanin maki 24 zuwa 27 a ma'aunin salshiyas, domin idan ta ji sanyi takan sandare ta shiga wani irin barci da ke iya zama ajalinta. Ba ta da inda za ta gudu. Wannan ne ya sa matanmu da ke da irin waɗannan dabbobi suke kai kaskon turaren wuta wani ɗakin, su rufe ƙofa, ba don sun raina al'adar gida ba. Mun taso muna jin hadisin matar da ta shiga wuta saboda kyanwar da ta kulle, ba ta ciyar da ita ba kuma ba ta sake ta ta nemi abincinta ba, kuma ni a ganina wanda ya sa dabba a keji ya ɗauki nauyin iskar da take shaƙa kamar yadda ya ɗauki na abincinta.

Saura maganar bushiyar da ka ce yaranka sun gani a lambun na'ana'a. Kada hankalinka ya tashi, ganyen da ke tsaye a fili ba zai cuce ta ba, ƙwari da tsutsar da ke ƙarƙashin danshi ne suka kawo ta, kuma aiki take yi maka kyauta. Idan ƙamshin ya ishe ta za ta kama gabanta. Ka ce musu kada su sa ta a kwali ko a tukunya, su bar ta inda suka gan ta, duk wanda ya taɓa ta kuma ya wanke hannu da sabulu kafin ya ci abinci, domin tana iya ɗaukar ƙwayar cutar da ke sa gudawa da zazzaɓi ko da ita kanta lafiyarta lau. Auta ta ce a roƙe ka ka ɗauko mata hotonta idan ta sake fitowa bayan isha'i. A gaida Inna da mutanen gida duka.