Tambaya da Amsa: Yara sun matsa sai sun je wasan neman abubuwa da waya a cikin Ailan

TAMBAYA: Salamu alaikum Malam, da fatan kana lafiya kai da ma'aikatan wannan mujalla. Ni uwa ce muna zaune a Agege, yarana uku babban shekararsa 17. Tunda aka yi hutu suka ishe ni wai akwai wata manhaja da ake saukewa a waya, ita zata dinga baka tambayoyi kana yawo cikin gari kana neman amsa a jikin gine-gine kana ɗaukar hoto, ba ɗan jagora ba kowa, kuma wai a Ailan, wato tsibirin Legas, suke son yi. Ni dai ban gane kan abin ba, kuma ka san halin Ikko, yaro riƙe da waya a Idumota ai sai addu'a. Abin nan yana da amfani ko ɓarnar kuɗi ce kawai? In bar su ko in hana?
Daga wata uwa, Agege

AMSA: Wa alaikumus salam Hajiya, Allah ya raya mana su ya shirya. Toh ni dai shawarata ki bar su, amma ba su kaɗai ba, kuma ba dole sai da manhajar da suka gano ba.

Yadda abin yake, kacici-kacici ne aka haɗa da tafiyar ƙafa. Wani ya riga ya bi hanyar ya zaɓi wurare kamar goma ko sha biyar, kowane wuri ya ajiye masa tambaya a cikin manhajar, ita kuma wayar tana aiki da GPS, wannan lokeshin ɗin dai da kike turawa mai kawo miki saƙo, sai ta ga kin iso wurin sannan tambayar ta buɗe. Zata iya cewa ƙirga tagogin benen nan, ko nemo shekarar da aka rubuta a jikin bango, ko ku ɗauki hoto gaba ɗayanku a bakin ƙofa. In an amsa daidai ta bada maki ta nuna wuri na gaba, in an cije sai ta ɗan haska amsar amma ta rage maki. Ba mai koro ku, in kun gaji ku zauna ku sha ruwa ku ci gaba. Kuma ba sabon abu bane, tun shekarar 2000 aka fara irinsa a Amurka lokacin da gwamnatinsu ta daina rage wa farar hula ƙarfin GPS, mutane suka fara ɓoye 'yan robobi a wurare suna saka lambobin wurin a intanet wasu su je nema, shi ne Geocaching, har yau ana yinsa.

Inda matsalar take, kamfanonin da ke sayar da wasan a shirye irin su Let's Roam da Questo yawancin kayansu na biranen Turai da Amurka ne, kuɗin ma ba da naira ake saka shi ba, wani lokacin katin bankinmu ma ƙin wucewa yake yi. Don haka kafin ki bada ko kwabo ki sa babban ya rubuta Lagos a cikin manhajar ya nuna miki wuraren da za a bi da abin da waɗanda suka yi kwanan nan suka ce. Legas gari ne da ba ya zama wuri ɗaya. Akwai wani tsohon bene kusa da Tinubu Square, Ilojo Bar, ginin 1855 ne irin na 'yan Birazil da suka dawo gida, gwamnati ma ta saka shi cikin kayan tarihin ƙasa, amma a watan Satumba 2016 aka wayi gari an rushe shi. Wanda ya zauna a ƙasar waje ya tsinto tambayoyinsa daga intanet tsaf zai tura yaranki neman ginin da babu shi, su tsaya cikin rana suna zagaye wuri ɗaya, kuma irin wannan tsayuwar ce ke jawo idon ɓata-gari.

Amma dalilin da yasa nace kar ki hana, abin yana damuna ƙwarai yadda yaranmu da aka haifa a nan suke tashi basu san garin ba. Yaro ya san Zango, ya san Pen Cinema, ya san Computer Village in wayarsa ta lalace, ya san tashar motar Kano in za a je gida sallah, shikenan Legas ɗinsa ta ƙare. Sai ya girma yana jin kamar shi baƙo ne da ya zo jiya, alhali in ya taka Ailan da ƙafarsa zai ga sawun mutanenmu ko'ina. Tun 1863 wani jami'in Ingila mai suna John Glover ya haɗa 'yar rundunarsa da Hausawa a garin nan, kuma sojan Najeriya da kansu daga nan suke fara ƙirga tarihinsu. Akwai zaure mai sunan Glover har yanzu a titin Customs.

Shi yasa nake ganin abin da yafi, wani babba a gidan, babansu ko kawunsu ko ke kanki, ya bi hanyar tun da wuri ya haɗa tambayoyin da kansa. Akwai manhajoji irin Actionbound da Goosechase da ke ba mutum dama ya tsara nasa wasan ya saka wurare da tambayoyi, in kuma wannan yayi nisa wallahi guruf ɗin WhatsApp ma ya isa, a turo tambaya, yara su turo hoto, a turo ta gaba.

Ku fara da gidan tarihi na ƙasa da ke Onikan, wanda aka buɗe a 1957. A can aka ajiye motar da aka harbe Janar Murtala Ramat Muhammad a cikinta ranar 13 ga Fabrairu 1976, baƙar Marsandi, tana nan a tsaye da hujojin harsashi a jikinta. Hajiya duk labarin da aka ba yaro a makaranta ko ya gani a jikin naira ashirin bai kai ya tsaya gaban motar nan ba, zaki ga surutunsu ya ɗauke da kansa, daga baya kuma tambayoyi su ɓarke, waye yayi, me yasa, ina direban, a nan ne zaki gane kuɗin motar da kika kashe bai tafi a banza ba. Ana biyan kuɗin shiga, kuma a tambayi ma'aikata kafin a ɗaga waya don hoto.

Daga nan 'yar tafiya ce zuwa TBS, wato dandalin Tafawa Balewa. Da filin sukuwa ne, kuma a nan aka sauke tutar Ingila aka ɗaga ta Najeriya ranar 1 ga Oktoba 1960, a nan Sir Abubakar yayi jawabin 'yancin kai. A saman ƙofar akwai manyan fararen dawaki da jajayen mikiya, tambayar ƙananan yara kenan, su ƙirga su kawo adadi. Sai ku miƙe titin Broad zuwa Freedom Park, wanda asalinsa kurkukun Turawa ne, su Herbert Macaulay da Awolowo da Enahoro duk sun kwana a ciki, a 2010 aka mayar da shi wurin shaƙatawa amma an bar katangar kuma an nuna girman ɗakunan fursuna, sa yaro ya shiga ɗaya ya buɗe hannuwansa ya ga ƙanƙantarsa. A Tinubu Square kuwa ki tambaye su sunan wa aka saka wa wurin, na tabbata zasu ce shugaban ƙasa, alhali wata hamshaƙiyar 'yar kasuwa ce, Madam Efunroye Tinubu, da tayi zamani tun ƙarni na 19.

Wurin da nafi so shi ne masallacin Shitta-Bey a titin Martins. Yana nan a matse tsakanin shaguna da masu talla, in baka ɗaga kai ba sai ka wuce shi, amma in ka ɗaga zaka ga fuskar ginin da adonta daban take da duk masallatan da muka saba gani a Arewa, don maginin ɗan Birazil ne. An buɗe shi a 1894, wani attajiri Muhammad Shitta ya gina da kuɗinsa, har Sarkin Daular Usmaniyya ta Turkiyya Abdulhamid na biyu ya turo wakili ya bashi sarautar Bey. Ku ƙare a babban masallacin Legas da ke titin Nnamdi Azikiwe mai hasumiya huɗu, ku yi azahar. Duka tafiyar wajen kilomita 3 zuwa 4 ce. Daga Agege kuna iya hawa jirgin ƙasan Red Line zuwa Oyingbo sannan ku shiga mota ku tsallaka, a dai duba lokutan tashinsa kuma a zuba kuɗi a katin Cowry da ake biyan kuɗin jirgin da shi. Kar a sa rai da acaɓa, tun 2022 aka hana su a Ailan.

TAMBAYA: Malam ni matashi ne ina harkar tumatir a Mile 12, mu biyar muke son gwadawa ranar da ba kasuwa sosai. Data nawa yake ci, kuma ya zamu yi da masu fizgen waya?
Daga wani ɗan kasuwa, Mile 12

AMSA: Ƙanena shi GPS kansa baya cin data, saƙo yake karɓa daga tauraron ɗan adam, taswira da tura hotuna su ne masu ci. Tun kana gida ka sauke taswirar Ailan a Google Maps yadda zata buɗe ko ba sabis, hotunan kuma in manhajar ta yarda ku bari sai kun zauna ku tura. Caji shi ne babban abin, sikirin a kunne ga GPS ga rana, kafin azahar batir ya faɗi, ku tafi da fawa bank. Kuma a wajen Marina da titin Broad dogayen benaye suna karkatar da sigina, sai kaga ɗigon ya nuna kana tsallaken titi alhali kana bakin ƙofar, kar ka biye masa ka faɗa gaban motar danfo, matsa fili kaɗan ka jira zai daidaita.

Maganar fizge kuwa, waya ɗaya tak za a fito da ita, kuma ba mai tsadar cikinku ba. Mai riƙe da ita ya jingina da bango ko ya shiga bakin shago ya karanta tambayar da ƙarfi, ya mayar aljihun gaba, sannan a tafi nema da ido, sauran huɗun aikinsu kallon hanya. Tsakanin Tinubu da Balogun da Idumota cunkoso ne na gaske, wurin nan ba a tafiya ana kallon sikirin. Kar ku ɗauki hoton barikin soja ko ofishin 'yan sanda ko ƙofar banki ko da manhaja ce tace ku ɗauka, tsallake tambayar ku rasa makin. In 'yan agbero, wato 'yan tasha, suka tare ku da maganar kuɗin hoto kar ku tsaya musu, ku bada haƙuri ku wuce. Ku fito da sassafe ku gama kafin la'asar saboda gosulon komawa, lambar gaggawa ta jihar kuma 767 ce ko 112.

TAMBAYA: Malam ina koyarwa a wata Islamiyya a Idi-Araba, naji daɗin wannan tunani ina so in shirya wa ɗalibaina manya. Amma wasu iyaye sun ce tunda akwai maki da wanda ya ci da kyauta, anya ba caca bace?
Daga wata malama, Idi-Araba

AMSA: Malama Allah ya saka da alheri, iyayen nan sun kyauta da suka tambaya. Ni ba mai bada fatawa bane, ki kai wa malaman makarantarku su yanke, amma ga yadda tsarin yake don ki musu bayani daidai. In aka biya kuɗin manhaja ko na mota ko na shiga gidan tarihi, kuɗin hidima ne, kowa ya biya kowa ya samu abin da ya biya, makin kuma lamba ce kawai a sikirin. Inda abin zai canza shi ne ace kowace ƙungiya ta zuba kuɗi wanda ya ci ya kwashe na kowa, wannan kam ki guje masa gaba ɗaya. In ana son kyauta makaranta ko wani mai hali ya sayo littafi ko jaka daga aljihunsa ya bayar.

Ki raba su biyar-biyar, kowace ƙungiya da babba ɗaya, mata da malama mace, kuma ki karɓi izinin iyaye a rubuce da lambar wayarsu. Ki cire maganar wanda ya riga isa daga lissafin maki, don muddin aka ce gudu ne yara zasu tsallaka titi ba duba, ki bar makin a kan amsa daidai kawai. A masallatai a fara gaida masu kula da wurin a gaya musu daga ina kuke, mafi yawa dattawan Yarbawa ne kuma suna jin daɗin ganin ɗalibai, ki saka tambaya ɗaya da ba a samun amsarta sai an tambaye su da baki, kamar sunan limamin masallacin na yanzu. Ranar Juma'a kuma a bar ta, wajen babban masallaci ba masaka tsinke tun daga hantsi, Asabar da safe tafi muku.