Mai gidan abinci ya ciyar da ni kyauta, ya kuma ba ni ambulan: me zan rubuta?

Tambaya: Assalamu alaikum, Malam. Wata huɗu ke nan da edita ya damƙa mini shafin sharhin gidajen abinci a jaridarmu. Makon jiya wani mai sabon gidan abinci ya gayyace ni, ya hana ni biyan ko kwabo, da zan tafi kuma yaronsa ya biyo ni da ambulan, wai kuɗin mota. Gaskiya shinkafar ta caɓe, naman kuma da alamar ya kwana. Yanzu na kasa rubutu, domin idan na faɗi gaskiya na zama butulu, idan na yaba na yaudari masu karatu. Abokan aiki suna cewa haka sana'ar ta gada. Ina mafita? Daga wata mai karatu a Kaduna.

Amsa: Wa alaikumus salam, 'yata. Ki mayar da ambulan ɗin yau, ki haɗa da kuɗin abin da kika ci, ki karɓi rasit, sannan ki shaida wa editanki duk abin da ya faru kafin ya ji daga wani bakin. Ziyarar nan ki ɗauka ba a yi ta ba, kada ki rubuta komai a kanta.

Abin da ya fi ɓata mini rai a wasiƙarki shi ne maganar abokan aikinki, domin kusan kullum sai na gamu da matashin da ya ɗauka cewa ladan mai sharhin abinci shi ne cin kyauta. Wannan fahimta ce ta kashe shafuka da yawa tun ba su yi shekara ba. Kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski, kuma mai gidan abincin ya san haka sarai lokacin da ya hana ki biya. Magidancin da ya karanta yabonki, ya kwashi iyalinsa ranar Asabar ya kashe kuɗin da ya daɗe yana tarawa a kan naman da ya kwana, ba zai sake yarda da sunanki ba, kuma idan yaronsa ya kwana yana amai, da hannunki a ciki. Masu yawo da waya suna ɗaukar bidiyo a Instagram da TikTok, suna lumshe ido a kan kowace loma saboda an biya su, talla suke yi, ya kamata kuma su faɗa wa jama'a cewa talla ce. Ƙa'idojin aikin jarida na Najeriya da aka amince da su a Ilorin a 1998 sun hana ɗan jarida neman ko karɓar wani abu domin ya buga labari ko ya danne shi, kuma ba su ware shafin abinci ba.

Dubi yadda manyan wannan fanni suka tsare kansu. A jaridar New York Times ta Amurka, tun zamanin Craig Claiborne, wanda ya zama editan abinci a 1957, al'adar ita ce mai sharhi ya je wuri aƙalla sau uku, ya kama tebur da sunan da ba nasa ba, jarida kuma ta biya. Ruth Reichl, wadda ta karɓi aikin a 1993, har gashin kanti da tufafin ɓad da kama take sakawa. Ta je shahararren gidan abinci na Le Cirque da ke New York a lokacin a matsayin baƙuwar da ba wanda ya sani, aka bar ta tana jira, aka yi mata riƙon sakainar kashi. Da aka gane ta a wata ziyarar sai aka tarbe ta kamar sarauniya. Ta rubuta duka biyun a sharhi ɗaya, ta kuma rage wa gidan tauraro ɗaya daga taurarin da jaridar ke auna darajar gidajen abinci da su. Da gayyata ta amsa, da ba ta taɓa ganin abin da sauran mutane suke gani ba.

Idan jaridarku ba ta da kuɗin manyan otal-otal, wannan ba hujja ba ce ta karɓar kyauta. Jonathan Gold, mai sharhin abinci na farko da ya ci lambar Pulitzer, babbar lambar yabo ta aikin jarida a Amurka, a 2007, ya yi sunansa ne da ƙananan wuraren cin abinci na baƙin haure a Los Angeles. Mai masa, mai tuwo da miyar kuka, da mai tsire na bakin titi duk sun cancanci alƙalaminki, kuma kuɗinsu ba zai gagari edita ba.

Game da wannan gida kuwa, ki ba shi wata guda, tunda sabo ne, sannan ki koma sau biyu ba tare da sanarwa ba, sau ɗaya da rana, sau ɗaya da dare, tare da wani wanda zai yi odar abincin da sunansa. Ki lura da minti nawa aka yi kafin a kula ku, ko man suya ya yi baƙi, ko miya ta zo da zafinta, ki kuma leƙa wurin wanke hannu. Ki rubuta abin da kika gani kika ɗanɗana tare da ranar da farashin, ki guji cewa nama ruɓaɓɓe ne alhali ba ki da hujjar da za ta tsaya a kotu. Kafin a buga, ki kira mai gidan ki karanta masa ƙorafin, ki sa amsarsa a cikin sharhin.